RA'AYINMU: Jiran Shari'a Ba Hukunci Ba Ne

A watan Disamba na 2014 aka fasa gidan yarin Minna, fursunoni fiye da 200 suka tsere. A watan Afrilu na 2024 kuma ruwan sama ya rushe katangar na Suleja, fiye da 100 suka fice. Kowane karo sai a yi ta zancen katanga. Mu a ganinmu ba nan gizo ke saƙa ba. Akasarin mutanen da ke tsare a ƙasar nan ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke yi.

Dokar shari'ar laifuffuka ta Tarayya ta 2015 ta wajabta wa majistare duba ofisoshin 'yan sanda kowane wata, ta kuma ƙayyade ɗage ƙara. Muna kira ga Babban Jojin Jihar Neja da ya sa kowace kotu ta riƙa bayyana sunayen tsararrunta da kwanakin da suka yi.

'Yan'uwa mazauna Ikko, Badun da Fatakwal, wannan magana taku ce, domin baƙon da ba shi da mai tsaya masa beli shi ake mantawa a ɗaure. Sarakunan Hausawa su buɗe rajista, su bi sawun duk wanda aka kama.