Ba Da Hawayen Yara Za Mu Koyar Da Adalci Ba

'Yan'uwa malamai, akwai masu kiran mu kwaikwayi darasin Jane Elliott a azuzuwanmu. Amsarmu ita ce a'a.

A watan Afrilun 1968, washegarin kisan Martin Luther King, wannan malama ta raba 'yan aji uku na firamaren garin Riceville, a jihar Iowa ta Amurka, gida biyu bisa launin ido: shuɗi da ruwan ƙasa. Ta fifita ɓangare ɗaya, ta ƙara musu lokacin wasa, ta ƙasƙantar da ɗayan, daga baya ta juya lamarin. Cikin yini guda aminai suka juya wa juna baya.

Ɗalibanta duk fararen fata ne, launin ido kuwa ba abin gaba ba ne a garinsu. Namu fa? Yaron da ake kira baƙo a unguwar da aka binne cibiyarsa, da yarinyar da ake kwaikwayon harshenta ko ɗingishinta, me wannan wasa zai koya musu? Fami ne kawai a tsohon gyambo. Magana zarar bunu ce: idan malami ya ce wa yaro ƙasƙantacce, ko da wasa, kalmar za ta bi shi gida, kuma a aji mai cunkoso babu mai lallashinsa.

In gwaji ake so, ga na gaskiya: mu gauraya wuraren zama, shara da monitanci su zagaya kan kowa, mu tsawata kan gorin ƙabila ko addini nan take, ko daga bakin abokin aikinmu ya fito. Muna kira ga shugabannin reshe su nema mana horo kan wannan.