Ƙwallon Tuta: Kada A Bar 'Yan Matanmu A Baya

'Yan'uwana ɗalibai da malamanmu, ina so in jawo hankalinku ga wani wasa da ya shigo ƙasarmu, wanda nake ganin mu masu koyon aikin malanta ya kamata mu fara rungumarsa. Sunansa ƙwallon tuta, asalinsa kuwa daga Amurka ne.

Ga yadda ake yinsa. Mutum biyar ne a kowane gefe, ƙwallon kuma mai siffar ƙwai ne, da hannu ake jefa shi. Kowane ɗan wasa yana ɗaura ɗamara mai ƙyalle biyu a ƙugu, su ne tutar. In kana so ka tsai da mai gudu da ƙwallo, sai ka fizge ƙyallensa, shi ke nan wasa ya tsaya a wurin. Ba kokawa, ba kayarwa, ba bangaza. Ana ba kowane gefe dama huɗu su kai tsakiyar fili, da wata huɗu su ƙetare layin ƙarshe, in sun ƙetare sun ci maki 6.

To, ina ruwanmu da shi? A watan Oktoba na 2023 aka yanke shawara za a sa wasan nan cikin gasar Olimfik ta 2028 a birnin Los Anjeles, maza da mata. A watan Yuni na 2025 kuma aka yi gasar Afirka ta farko a Alƙahira, matan Nijeriya suka ka da na Maroko a wasan ƙarshe, suka ɗauki kofi, suka sami gurbi a gasar duniya ta 2026 a ƙasar Jamus. Kada kuma a ce ai wasan Amurkawa ne, ba mai iya ja da su. Matan Meziko sun lallasa su da ci 39 da 6 a shekarar 2022, a cikin ƙasarsu.

Abin da ke damuna shi ne, wasan ya fi ƙarfi a Ikko. Ƙungiya kuwa in an ce ta ƙasa ce, ya kyautu a ga 'yar Adamawa a cikinta. Amma yaya za a zaɓi yarinyar Yolde Pate ko ta Jimeta alhali ko ƙwallon ba ta taɓa riƙewa ba? Ba ƙarfi ko gudu 'yan matanmu suka rasa ba, ga Adamawa Queens nan shaida a ƙwallon ƙafa. Mai koya musu suka rasa, mai koyarwar kuwa mu ne.

Na san wasu iyaye za su ce guje-guje ba na 'ya mace ba ne, yana zub da kunya. Maganarsu abin saurare ce, bai kamata malami ya yi mata dariya ba. Amma a duba da kyau. Mata da mata za su yi, malama mace ce za ta kula da su, cikin shingen makaranta. Yarinya tana iya sa dogon wando da riga mai hannu, ta rufe kanta, ba abin da zai hana ta fizge ƙyalle. Cikin wasannin da Turawa suka kawo mana, da wuya a sami wanda ya fi wannan dacewa da tarbiyyarmu.

Wasu kuma za su ce ba kuɗi. Filin yadi 70 ne a tsawo, 25 a faɗi, watau filin ƙwallon ƙafa guda ya ishi aji biyu. Ɗamara da ƙyalle kuwa kowane tela a kasuwar Jimeta zai ɗinka su da ragowar yadi. Ƙwallon kaɗai za a saya. Zafin Yola na watan Maris da Afrilu ma ba hujja ba ne, ga la'asar sakaliya, ga lokacin hunturu.

Saboda haka ina roƙon shugabannin kwalejin nan su sa wasan cikin darasin motsa jiki, ɗalibai mata su fara kafa ƙungiya biyu a wannan zango. Duk wadda za ta tafi gwajin koyarwa kuma ta tafi da ƙwallo da ƙyalle, ta nemi yardar hedimasta da iyaye tukuna, sannan ta tara 'yan mata goma. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, wasan nan kuwa sabo ne ko'ina a Afirka, waɗanda suka riga mu ba su yi nisa ba. In muka yi sanyin jiki, nan da shekara goma sai dai mu ji sunayen 'ya'yan wasu a rediyo.

Allah ya ba mu himma, amin.