Sunan jirgin Karaduwa ne, amma hannun wa ya yi waldarsa?

Ɗan'uwa matashi, in ka tsaya a Magama ka duba gabas ka duba yamma, babu abin da ya yi kama da teku. Daga nan zuwa gaɓar Legas ya haura kilomita 1,000. Ruwan da muka sani shi ne na dam ɗin Jibiya da kogin Gada, sai kududdufai da damina. Don haka na san da zarar na ce yau maganar sojin ruwa za mu yi, wani zai ce wannan marubucin ya rasa abin faɗa. Ka ɗan yi haƙuri ka biyo ni.

A watan Disambar 2016, aka ƙaddamar da wani jirgin ruwan yaƙi a Legas mai suna NNS Karaduwa. Ba daga waje aka sayo shi ba. A ma'aikatar ƙera jirage da gyaransu ta rundunar sojin ruwa da ke Victoria Island aka yanka ƙarfensa, aka haɗa shi, aka tura shi ruwa. Shi ne na biyu a irinsa: NNS Andoni ya riga shi a 2012, NNS Oji ya biyo baya a Disambar 2021. Duk ɗan Katsina ya san Karaduwa, kogin nan ne da aka datse aka yi dam ɗin Zobe a wajen Dutsin-Ma. Kuma ba shi kaɗai ba ne sunan gida a rundunar. An yi Aradu, an yi Damisa, an yi Dorina, an yi Kyanwa, ga kuma Kada da ya iso a 2022. Wato in ka bi jerin sunayen jiragen yaƙin Najeriya, sai ka ɗauka a tsakar gidanmu aka raɗa musu.

To sunan mun ji, namu ne. Tambayata ita ce: a cikin waɗanda suka riƙe kan walda suka haɗa Karaduwa, ko waɗanda suka ja masa wayar lantarki, akwai ɗan Jibiya? A unguwarmu zan iya lissafa maka sojan ƙasa da ɗan sanda da jami'in kwastam da na shige da fice ba tare da na yi dogon tunani ba. Amma ban taɓa jin an ce wane yana can yana gyaran injin jirgin ruwa ba. Mun samu manya a can sama, irin su Murtala Nyako da Awwal Zubairu Gambo, waɗanda suka riƙe muƙamin babban hafsan sojin ruwa. A ƙasa ne, wurin masu aikin hannu, nake neman mu.

Abin da yawancinmu ba mu sani ba shi ne, jirgin yaƙi a tudu rayuwarsa take. Ruwan gishiri cin ƙarfe yake yi dare da rana. Bayan wani lokaci dole a shigar da jirgin wani katafaren rami na kankare, a rufe ƙofa, a zuƙe ruwan, ya zauna a kan matattara kamar motar da aka ɗaga a gareji. Sannan a kankare tsatsa da halittun ruwan da suka manne a cikinsa, a auna kaurin ƙarfen, inda ya siranta a yanke a sa sabo, a duba farfela da injin da janareta da famfunan da ke fitar da ruwa, a sake fenti. Kafin ya sake fita kuma, akwai mai sito da zai tabbatar kayan gyaran da ake bukata suna nan, akwai mai lissafin man da zai sha da abincin da mutanen cikinsa za su ci na makonni, akwai direban tanka, akwai mai gyaran firji, akwai ma'aikacin jinya. Kowane jirgi ɗaya da ka gani a talabijin yana keta ruwa, akwai taron mutane a bayansa da ƙafarsu ba ta bar ƙasa ba.

In kana son ganin abin da ke faruwa idan wannan ɓangaren ya yi rauni, dubi Aradu. A Hambug ta Jamus aka ƙera shi, ya fara aiki a 1982, kuma a zamaninsa abin alfahari ne a duk nahiyar nan. Amma ya shafe shekaru masu yawa ɗaure a bakin tasha yana jiran gyara, har sai a 2023 aka ba wani kamfanin Turkiyya kwangilar farfaɗo da shi. Kuɗin sayen jirgi rana ɗaya ake biya. Na riƙe shi kullum ne, kuma in ba ka da masu gyara a gida, a dala za ka riƙa biya.

Wannan ya kawo ni ga rigimar 2021, wadda na san da yawanku kun tuna. Rundunar ta sanar za ta buɗe sabbin wurare a Lekki da Oguta da Kano, gwamnatin Kano ta ba da fili hekta 100 a Dawakin Tofa. Kai, ranar Facebook da Twitter sun sha dariya. Wasu na cewa a kan raƙumi za a ɗora jiragen, wasu na tambaya ko a Tiga za a yi yaƙin. Daga baya abin da ya tabbata a wurin shi ne kwalejin koyar da harkar tanadin kayan aiki da rarraba su, wato irin aikin siton nan da lissafin da na ambata.

Ni a ganina masu dariyar sun yi kuskure a wuri ɗaya, sun yi daidai a wani. Kuskurensu shi ne zaton duk abin da ke da sunan sojin ruwa sai a bakin ruwa. Filin da ya fi kowanne girma a hannun sojin ruwan Amurka, China Lake, a cikin hamadar Mojave ta jihar Kalifoniya yake, can suke gwajin makamai. Koyon lissafin kayan sito ba ya bukatar igiyar ruwa. Inda suka yi daidai kuwa shi ne zargin da ya taso: babban hafsan wancan lokacin ɗan Kano ne, gwamnan lokacin kuma ɗan ƙaramar hukumar Dawakin Tofa ne. A ƙasar da kowane babba ke ƙoƙarin kai wani gini garinsu kafin ya sauka, wanda ya yi zargi bai yi laifi ba. Sansanin Baga babu mai tambayar dalilinsa, don ga Tafkin Chadi ga abokan gaba a tsibiransa. Ita kuwa kwalejin Kano, abin da zai wanke ta shi ne aikinta: mutum nawa take yayewa, me suka iya, kuma jirage nawa ne suka daina zaman jiran kayan gyara saboda su. Da wannan ma'aunin za mu auna ta, mu 'yan Arewa ma kafin kowa.

Yanzu mu dawo gida, don a nan maganar tawa take.

Kai da ka tashi a Jibiya ka san cewa abincinmu a hannun ƙofa yake. A watan Agustan 2019 aka rufe iyakokin ƙasa. A Nuwamban shekarar aka hana kai mai gidajen man da ke cikin kilomita 20 daga iyaka. Da aka buɗe wasu iyakokin a Disambar 2020, tamu ba ta ciki, sai a Afrilun 2022. Ba mu gama miƙe ƙafa ba, aka cire tallafin mai a Mayun 2023, ribar jarka ta zube. Watanni biyu bayan nan sojoji suka yi juyin mulki a Yamai, aka sake garƙame boda har zuwa Maris na 2024. Duk wannan babu wanda ya zo Magama ko Ɗan Isa ya tambayi ɗan dako ko ɗan acaɓa ko mai shayi ra'ayinsa. A Abuja ake sa hannu, a nan tukunya ke sauka daga murhu.

Akwai wani yaro da na sani, ba zan faɗi sunansa ba. Lokacin da harkar mai ke ci, aikinsa shi ne faɗaɗa tankin mota. Za a kawo masa tsohuwar mota, ya yanka, ya ƙara ciki, ya liƙe, ta ɗauki ninkin abin da kamfani ya yi mata, ta bi hanyar daji mai gargada ta je ta dawo ko ɗigo ba ta zubar ba. Ba ina yabon fasa-ƙwauri ba ne, kuma shi kansa ya san wutar da yake wasa da ita. Hannun nake kallo. Walda wadda ba ta yoyo, ai ita ce zuciyar ƙera jirgi. Da harkar ta mutu sai ya koma yin ƙyauren shago da gadon ƙarfe, ranar da aka samu wuta ke nan. Rannan na tambaye shi ko yana da wata takardar shaidar sana'a, sai ya yi dariya ya ce, "Yaya, aikina ai shi ne takardata."

A Magama haka ne. A Victoria Island ko ma'aikatar jiragen rundunar da ke Fatakwal, wannan amsar ba za ta wuce da shi bakin ƙofa ba. Kuma kada mu yaudari kanmu, akwai tazara tsakanin tankin mota da cikin jirgi. Can sai ka iya karanta zanen injiniya, ka san irin ƙarfe da irin sandar waldar da ta dace da shi, ka iya aiki a tsaye da kwance da kuma sama da kanka. In ka gama a kawo na'ura irin wadda ake duba karaya da ita a asibiti a ɗauki hoton cikin ɗinkin, in an ga ƙurji ko kogo a ce ka yanke ka sake. Duk abin koyo ne, kuma wanda ya riga ya saba da wuta da ƙarfe ya yi rabin tafiya. Abin da ya rage masa shi ne aji da jarrabawa.

Hanyoyin kuwa ba ɓoyayyu ba ne. Ma'aikatar ƙwadago ta tarayya na ba da shaidar gwajin sana'a. Akwai jarrabawar NABTEB ta makarantun fasaha. Ga kwalejin kimiyya da fasaha ta Hassan Usman a Katsina, ga ta tarayya a Daura. Ita kuma rundunar, idan za ta ɗauki kurata, a intanet take sanarwa, cike fom ɗin kyauta ne, kuma kiredit biyar har da Turanci da Lissafi shi ne matakin farko. A Onne ta jihar Ribas ake horon farko, masu harkar injiniya kuma kwalejinsu na Sapele a jihar Delta. Ana ɗaukar mata ma, 'yar'uwa, kada ki ce ba da ke ake ba. Duk wanda ya ce ka kawo kuɗi ya saya maka gurbi, ka riƙe kuɗinka. Shi kuma mai cewa "ni fa ban iya ruwa ba", yaran da ke kamun kifi a dam ɗin Jibiya ba da iyo aka haife su ba.

Na san abin da wani zai ce, kuma yana da gaskiya: mutumin da 'yan bindiga suka kora daga ƙauyensu, ya kwana a makaranta ko ya tsallaka Nijar da iyalinsa, ina ruwansa da jirgin yaƙi? Mu da muka ga an rufe hanyar Gurbin Ɓaure an kuma katse layukan waya a 2021, mun san tsaron da muke bukata a ƙasa yake. Shi ya sa ba za ka ji na ce a zo a kafa mana sansanin sojin ruwa a bakin dam ba. In wani ɗan siyasa ya zo da wannan alkawarin lokacin zaɓe, ka san allon suna da katanga yake son ginawa. Abin da ya kamata mu nema wurin ɗan majalisarmu da shugaban ƙaramar hukuma bai kai haka tsada ba: makarantar fasaha mai wuta da injina masu aiki, wurin da masu walda da kanikawa da masu wayarin za su yi gwajin sana'a ba sai sun sha wahala ba, da wanda zai riƙa shelanta ranar buɗe fom a rediyo da kasuwa, ya kuma fito da sunayen waɗanda aka ɗauka da sunan Jibiya mu gani ko mun san su. Tsarin rabon guraben aikin tarayya ya ba kowace jiha kasonta. Kason da mai shi bai nema ba kuwa, ba ya zama babu kowa.

Kuma ko ba ka sa kaki ba, takardar ba za ta ɓaci ba. Layin dogon Kano zuwa Maraɗi da aka aza harsashinsa a Fabrairun 2021, ta Jibiya zai bi. Hikimar yin sa ita ce Nijar ba ta da teku, a lokacin kayanta sun fi bi ta Kwatano da Lome, ana so a janyo su ta tashoshin Legas. Kwantenar da za ta ratsa garinmu wata rana, sai ta fara ratsa ruwan da Karaduwa da 'yan'uwansa ke gadi. Idan ruwan babu tsaro, kamfanonin inshora su ƙara wa jirage kuɗi, ɗan kasuwa ya ɗora a kan kaya, mu biya a kasuwa. Idan kuma jirgin ƙasan ya fara zirga-zirga, tarago zai lalace, injin ɗaga kaya zai tsaya, tankin mai zai tsage, kuma kamfanin da zai ɗauki mai gyara takarda zai fara tambaya.

Yaron nan na sake komawa wurinsa makon jiya da maganar gwajin sana'a. Ya ajiye gilashin walda, ya tambaye ni nawa ne kuɗin, kuma a Katsina ake yi ko sai an je Kano. Na ce zan bincika masa kafin ranar kasuwa.