Gona ko ƙwallon tanis? Lissafin da ya kamata iyaye su yi

A hutun ƙaramar Sallar da ta gabata na je gida, wani ƙauye da ke tsakanin Ɗambatta da Makoɗa, sai wani yayana ya ja ni gefe bayan sallar La'asar, ya ce: "Malam, shawara nake nema. Yaron nan ya ce in aka sayar da gonar bakin rafi aka ba shi kuɗin jirgi, zai je Masar ya buga gasa, kuma cikin shekara biyu zai saya mana wadda ta fi ta." Yaron ɗansa ne, shekarunsa 19. Tun yana ƙarami aka kai shi birni karatu, ya fara da tsintar ƙwallo a wani kulob, har hannunsa ya faɗa a wasan tanis. Na ce: "Yaya, ba ni mako biyu in bincika." Abin da binciken ya nuna mini shi nake son in gabatar wa mai karatu, domin na san ba gidanmu kaɗai ake irin wannan zama ba.

Kasancewar nazarin harshe ne fannina, bari in fara da kalma. Kafofin yaɗa labaranmu kan ce wane "ƙwararren ɗan wasa" ne, alhali abin da Bature ke nufi a nan shi ne wanda ya ɗauki wasa a matsayin sana'a. Ƙwarewa daban, sana'a daban. Bahaushe ba ya kiran abu sana'a sai in yana ciyar da mai shi, shi ya sa ake cewa sana'a goma maganin mai gasa. Tambayar da ke gaban yayana ita ce: shin tanis na ciyar da wanda ya ƙware a kansa amma bai kai sahun gaba ba?

Hukumar Tanis ta Duniya, wato ITF, ta yi wannan lissafi da kanta. A binciken da ta yi kan shekarar 2013, ta gano cewa maza 8,874 da mata 4,862 ne suka buga gasannin sana'a, kuma daga cikinsu maza 3,896 da mata 2,212 ko sisin kwabo ba su samu ba. Ta ƙiyasta cewa namiji kan kashe kimanin dala 38,800 a shekara wajen tafiya da masauki da abinci da kayan wasa, ban da ladan mai horarwa. Ta kuma nuna cewa sai ɗan wasa ya kai matsayi na 336 a duniya, mace kuma na 253, kafin abin da ya samu ya biya abin da ya kashe. Idan aka auna wannan kuɗi da canjin 2024, lokacin da dala ta haura naira 1,500, ya zarce naira miliyan 58 a shekara guda.

Dalilin haka yana cikin tsarin wasan. Ɗan ƙwallon ƙafa, ko a ƙaramar ƙungiya yake, yana da albashi, kuma ƙungiya ke ɗaukar nauyin motarsa da masaukinsa da jinyarsa. Ɗan tanis shi ne ƙungiyar kansa. Shi zai sayi tikiti, ya nemi biza, ya biya otal, ya biya mai ɗaura wa raket ɗinsa zare, in ya ji rauni kuma ya zauna babu ko anini. A matakin ƙasa na gasannin da ITF ta sake wa tsari a 2019, dala 15,000 aka ware wa dukan 'yan wasan mako, wanda ya ci kofi ya tashi da dala dubu biyu da 'yan kai, wanda aka fitar a zagayen farko kuwa abin da zai karɓa ba zai biya masa ɗakin kwana ba. A ɗaya gefen, wanda aka doke a zagayen farko na gasar US Open ta 2024 ya koma gida da dala 100,000. Ga shi kuma makin da ake jera 'yan wasa da shi yana faɗuwa bayan mako 52, don haka wanda bai ci gaba da yawo ba matsayinsa zai zube. Manomi ya fi kowa fahimtar wannan: kamar gona ce da dole a zuba mata taki kowace damina, sai dai ita wannan in ka huta shekara ɗaya babu gonar ma gaba ɗaya.

Tarihinmu ma ya isa darasi. A gasar Olamfik ta birnin Seoul a 1988, 'yan wasa uku ne suka wakilci Najeriya a tanis: Nduka Odizor da Tony Mmoh da Sadiq Abdullahi. Odizor, wanda ya fara da tsintar ƙwallo a kulob ɗin Ikoyi da ke Legas, ya kai zagaye na huɗu a Wimbledon a 1983, ya kuma hau matsayi na 52 a duniya a 1984. Mmoh ya kai na 105 a 1987. Sadiq Abdullahi kuwa, wanda labarinsa ya fi kusa da batunmu, ƙololuwar da ya kai ita ce na 262 a 1985, kuma a Seoul ɗan ƙasar Sifen Javier Sánchez ya fitar da shi a zagayen farko. Mutumin da ya zama ɗaya daga cikin gwanaye 300 na duniya ba ƙaramin gwani ba ne, amma abin da ya riƙe shi bayan ya ajiye raket shi ne karatun da ya yi a Amurka har ya kai ga digirin digirgir a fannin ilimi, ya zama malami. Shi ma Odizor wani malamin Jami'ar Houston ne, Robert Wren, ya ɗauki nauyin kai shi Amurka karatu.

Na san za a ce da iyayen waɗannan mutane sun ji tsoro da ba a san su ba, kuma ai da rashin tayi akan bar arha. Gaskiya ne. Amma a duba wanda ya ɗauki kasadar: farfesa mai albashi da jami'a mai tallafin karatu, waɗanda in abin bai yiwu ba babu wanda zai kwana da yunwa. A ƙasarmu ta arewacin Kano, inda gida ke kallon gida kuma gado ke ƙara tsaga gonaki kowane ƙarni, wanda ya sayar da gona da wuya ya sake mallakar wata. Gonar bakin rafi ita ke ba gidan yayana gero da dawa da gyaɗa, ita ce kuma gadon 'ya'ya bakwai, ba na mutum ɗaya ba. Kuɗinta ba zai wuce 'yan makonni a Sharm el-Sheikh ko Monastir ta Tunisiya ba, inda ake buga irin waɗannan ƙananan gasanni kusan duk shekara.

Akwai kuma haɗarin da ba a cika faɗa ba. Kwamitin bincike mai zaman kansa da hukumomin tanis suka kafa ya bayyana a rahotonsa na 2018 cewa sayar da wasa ga 'yan caca ya fi ƙamari a ƙananan gasanni, saboda ɗan wasan da bashin otal ya yi wa katutu yana da saukin saye. A shekarar ce aka haramta wa ɗan Masar Karim Hossam wasa har abada kan wannan laifi. Hukumar ATP ta fara wani shiri a 2024 na tabbatar wa 'yan wasa mafi ƙarancin kuɗin shiga, amma ya tsaya ne a kan 250 na farko, dubban da ke ƙasa ko oho.

To mene ne mafita? Kano na da tushe, domin tun shekarun 1980 ake shirya gasar Dala Hard Court, wadda ta sha tara gwanayen ƙasar nan. Sai dai makin duniya ana samunsa ne a gasar da ke cikin jadawalin ITF ko ATP kaɗai. Da attajiranmu da gwamnatin jiha za su haɗa hannu su kawo irin wannan gasa Kano makonni biyu ko uku a jere kowace shekara, da yaro daga Bichi ko Minjibir zai nemi makinsa na farko da kuɗin mota, ba da kuɗin gona ba. Haka kuma ya kamata jami'o'inmu su ware gurabe da tallafi ga ɗaliban da suka yi fice a wasanni, a kuma gyara filayen tanis na tsofaffin makarantun kwana da ciyawa ta cinye.

Da mako biyun suka cika na koma na ce wa yayana kada a taɓa gonar, ko da jingina ce. Na kira yaron na nuna masa alƙaluman nan ɗaya bayan ɗaya. Bai ji daɗi ba, har ya ce mini: "Baba, ku 'yan boko kun fiye tsoro." Duk da haka mun yi yarjejeniya: zai sake zama jarrabawar shiga jami'a, zai nemi takardar shaidar horarwa domin ya riƙa koyar da yara a birni yana samun na kashewa, ni kuma zan ɗauki nauyin zuwansa gasannin cikin gida na shekara biyu. In ya doke manyan ƙasar nan, sai mu ɗauki sakamakon mu ƙwanƙwasa ƙofar masu hali. Allah Ya yi wa 'ya'yanmu albarka, Ya ba mu damina mai kyau.