Gadon Kofanikus: Fa'idodi da Illoli

A shekarar 1543 wata maɗaba'a a birnin Nuremberg na Jamus ta fitar da littafin De revolutionibus, wanda ya ce rana ce a tsakiya, duniya kuma tana juyawa a kanta kowane kwana, tana kewaya rana kowace shekara. Marubucin, Nikolas Kofanikus, ya rasu ranar 24 ga Mayu na wannan shekarar yana ɗan shekara 70. An haife shi a Torun ta ƙasar Poland a 1473, ya tashi a hannun kawunsa wanda ya zama bishop na Warmia. Ya yi karatu a Krakow, sannan ya karanci dokokin coci da likitanci a Italiya. Sauran rayuwarsa ya yi ta ne yana hidimar majami'ar Frombork, yana kula da gonakinta da kuɗinta, yana duba marasa lafiya, falaki kuwa sai idan ya samu sarari. Wasu na kiransa uban kimiyyar zamani, wasu na ganin an zuzuta shi fiye da kima. Ga abin da kowane ɓangare ke riƙe da shi.

Fa'idodi

Babbar fa'idar tsarinsa ita ce ya warware matsaloli da dama da bayani guda. Masu kallon sama sun daɗe da lura cewa duniyoyin Mirriku da Mushtari da Zuhal sukan yi kamar sun tsaya, su ja da baya, sannan su ci gaba. Tsarin Batlimus mai sanya duniya a tsakiya, wanda aka yi kusan shekara 1,400 ana aiki da shi, ya bai wa kowannensu wata da'ira ta musamman don bayyana hakan. Kofanikus ya nuna cewa duniya ce ke wuce su saboda ta fi su sauri, kamar yadda fasinjan motar da ta sha gaban wata yake ganin waccan tana komawa baya.

Ya kuma jera duniyoyin bisa ƙa'ida ɗaya: wadda ta fi nisa da rana ta fi daɗewa kafin ta kammala zagaye, daga Uɗaridu mai kwana 88 zuwa Zuhal mai kusan shekara 30. Da wannan ya ƙiyasta nisan kowacce daga rana idan aka gwada da na duniya, kuma alkalumansa ba su yi nesa da na yau ba. Dalilin da ya sa ba a ganin Zara sai kusa da faɗuwar rana ko fitowarta shi ma ya fito fili, domin hanyarta tana cikin ta duniya.

Aikinsa ya zama tushen da wasu suka ɗora gini a kai. Kepler ya bayyana a 1609 cewa hanyar Mirriku ba cikakkiyar da'ira ba ce. Galileo ya ga a 1610 cewa Zara tana cika tana raguwa kamar wata, abin da tsarin Batlimus bai iya ɗauka ba. Newton ya kawo dokokin motsi a 1687. Babu ɗayansu da ya karɓi littafin ɗungurungum, amma tambayar da suka amsa tasa ce.

Akwai amfani na kusa ma. Erasmus Reinhold ya fitar da jadawalin taurari a 1551 bisa lissafinsa, har waɗanda ba su yarda duniya na motsi ba suka yi aiki da shi. A wajen falaki kuma, ya rubuta maƙala kan yadda rage azurfa a cikin tsabar kuɗi ke karya darajarsu, ya kuma tsaya kan tsaron ganuwar Olsztyn a lokacin wani yaƙi, daga 1520 zuwa 1521.

Illoli

Rauni na farko shi ne rashin hujja yankakkiya. Idan duniya na kewaya rana, ya kamata a ga taurari sun ɗan gusa tsakanin wani lokaci na shekara da wani, amma ba a gani ba. Kofanikus ya ce nisansu ne ya yi yawa. Gaskiya ya faɗa, sai dai ba a auna wannan gusawar ba sai 1838, a hannun Friedrich Bessel. Bai kuma iya gamsar da masu tambayar me ya sa dutsen da aka sako daga hasumiya yake faɗowa a gindinta ba. Don haka ba duk masu jayayya da shi ne jahilai ba. Tycho Brahe, gwanin auna taurari na zamaninsa, ya ƙi tsarin bisa irin waɗannan dalilai.

Na biyu, sauƙin da ake danganta wa tsarin bai kai yadda ake faɗa ba. Ya nace cewa komai a sama yana tafiya ne a cikakkiyar da'ira ba tare da sauya sauri ba, wannan ya tilasta masa cusa ƙananan da'irori masu yawa. Sakamakon haka hasashensa na inda duniyoyi za su kasance bai fi na magabata daidai da wani abin a zo a gani ba.

Na uku ya shafi haƙƙin magabata. Ya ambaci Al-Battani da Az-Zarƙali, amma dabarar lissafin Nasiruddin Aɗ-Ɗusi na Maraga da tsarin tafiyar wata na Ibn Shaɗir na Dimashƙa sun bayyana a aikinsa ba tare da sunayensu ba. Masana tarihi na saɓani kan ko ayyukan sun iso gare shi ne ko kuwa ya gano su da kansa. Ya dace a ƙara da cewa su waɗannan malamai sun bar duniya a tsakiya, sauya mata wuri aikinsa ne. Haka nan ambaton ra'ayin Aristarkus Bagirike, wanda ya riga shi sanya rana a tsakiya, yana cikin rubutun hannunsa amma bai shiga bugu ba.

Na huɗu, jinkiri da ruɗani. Tun kafin 1514 ya rarraba taƙaitaccen bayani ga abokansa, amma bai saki littafin ba sai da matashin malami Retikus ya zo daga Wittenberg a 1539 ya matsa masa. Wajen bugu kuma Andreas Osiander ya ƙara gabatarwa marar sa hannu da ke cewa tsarin dabarar lissafi ce kawai. Ta yiwu hakan ya kare littafin daga suka, amma ya ɓoye ainihin matsayin mai shi shekaru masu yawa.

Na biyar, rikicin da ya biyo baya. Cocin Katolika ya dakatar da littafin a 1616, ya hukunta Galileo a 1633, kuma sunan littafin bai fita daga jerin haramtattu ba sai a bugun 1835. Duk da haka ɗora wa Kofanikus wannan zai yi wuya, tun da ya sadaukar da littafin ga Fafaroma Paul na Uku, kuma an yi shekara 73 kafin a taɓa shi. Illar da ta rage ita ce yadda ake ɗaukar labarin a matsayin shaida cewa addini da kimiyya abokan gaba ne, alhali shi kansa ma'aikacin coci ne.

Wanda ke auna malami da daidaiton lissafinsa zai sami gyare-gyare da yawa a aikin Kofanikus, kuma Kepler zai fi burge shi. Wanda ke auna shi da hanyar da ya buɗe wa na baya zai sanya shi a sahun gaba. Ma'aunan biyu halattattu ne, zaɓi tsakaninsu kuwa na mai karatu ne.