Maroƙi marar zambo

Akwai wani sabon maroƙi a ƙasar nan wanda ba ya rataya kalangu. Kwat yake sanyawa, ya harɗe ƙafa gaban kyamara, a rubuta “masanin fasaha” ƙarƙashin haɓarsa. In an aje masa zane, ko littafi, ko faifan waƙa, sai ya gyara tabarau ya ce aikin yana da zurfi, ya bi da kalmomin Faransanci uku masu tsawo. Mai gabatarwa ya kaɗa kai. A saka tallar shinkafa. Makon gobe wani aikin ne, amma zurfin bai sake ba.

Kada a zalunci maroƙan asali da wannan kwatanci. Maroƙin fada ya san iyaye da kakannin wanda yake wasawa, kuma yana da harshe biyu: yabo da zambo. Tsoron zambon ne ke sa yabon ya yi daraja. Na telebijin ya yar da zambo tun ranar da ya gane cewa mai aikin ne ke ba da goro bayan an kashe fitilu. Bai taɓa cewa baiti ya karye ba, ko wasa ya yi tsawon banza, don bai karanta ba, bai kalla ba.

A gwada shi da Mustafa Alasan, wanda ya zauna Tawa, ya rasu a 2015. Zai ce gwarzo ne, uban sinima, abin alfahari. To, me kwaɗi ke yi cikin Bon voyage Sim na 1966? Shiru. Alhali mintoci kaɗan ne fim ɗin: shugaban kwaɗi ya tafi ziyarar aiki, da fareti da jawabai da kumburin wuya. Zambo ne tsantsa, irin wanda masaninmu ke gudu. Haka zai ambaci kyautar da Umaru Ganda ya ciyo a Wagadugu a 1972, ba tare da ya iya faɗin abin da ya sami amaryar Wazzou ba.

Ɓarnar tana isa aji. Ɗalibin da ya tashi gaban wannan akwati, in malami ya ce ya yi sharhin waƙa, sai ya rubuta cewa tana da daɗi, tana da saƙo, Allah ya ƙara basira. Daga wa ya koya? Ƴan fadar shayi da ke gardama har tsakar dare kan wasan Yazi Dogo sun fi shi sharhi, don su aƙalla sun kalla, kuma in ɗan wasa ya yi sanyi suna faɗa.