Hattara Da Filashin Waya

Manomin Adogi ya sayar da doya ya sayi Tecno, ran da ta daina magana sai ya nufi Lafia wurin mai gyara. To, wani lokaci lasifikar ƙalau take, ciwon yana cikin manhajar Android ne. A can akwai fayil mai suna build.prop, shi ke riƙe da sunan wayar da samfurinta. Akwai kuma libaudioflinger, mai harhaɗa sauti kafin ya isa lasifika. Kowane samfuri da saitinsa. In mai gyara ya yi gaggawa ya ɗora mata na wata wayar, an gudu ba a tsira ba ke nan: ko ta bebance ɗungurungum, ko ta ƙi tashi, hotunan iyali kuwa sun tafi.